Ranar da Muka Sauko da Ya Bukar ta Kogin Bistirisa

Ni ɗan Umarari ne a Maiduguri, kuma har na yi gemu ban taɓa ganin ruwan da ya fi mutum gudu ba. Kogin da na sani shi ne Ngadda, wanda ke zuwa bayan damina ta yi nisa, ya ratsa gari a hankali, ya je ya baje a fadamar Jere. Mahaifina malamin coci ne, mutumin ƙasar Biu. Ina ƙaramin ma'aikaci a ofishin ruwa a shekarun saba'in, lokacin da tafkin Chadi ya fara ja da baya, aka ce za a tura wasunmu Yugoslabiya su koyo awon koguna. Mu biyu aka ɗauka, ni da Ya Bukar.

Ya Bukar Babarbare ne na Abbaganaram, ya girme ni sosai, yana da mata da 'ya'ya. Dogo ne, ba ya son yawan magana, Hausarsa kuma irin ta Barebari ce, mace ma "shi" yake ce mata. A ofis gaisuwa kawai ke haɗa mu. Ƙasar mutane ce ta mai da mu 'yan ɗaki ɗaya.

Zangonmu na farko tashar jirgin ƙasa ce ta babban birninsu. Muna tsaye da akwatunanmu, sanyi na shiga mana ta ƙafar wando, sai ga wani baƙar fata kamar mu, sanye da kwat mai kyau. Ya yi mana Turanci, ya kira sunan makarantar da za mu, ya ce ita ta aiko shi ya tarye mu. Sai daga baya na gane a jikin akwatunanmu ya karanta sunan. Ya shigar da mu shagon shayi, ya sa aka kawo mana mai zafi, ya ce mu ji ɗumi shi zai kai kayan wurin ajiya na jirgi. Muka sha shayi, muka jira har kofunan suka huce. A akwatin Ya Bukar akwai manyan rigunansa da hulunansa, da busasshen kifin Baga, da turaren wutan da matarsa Ya Falmata ta haɗa masa. A nawa akwai bargon da mahaifiyata ta ba ni da kwalbar yaji. Da na tabbata mutumin ba zai dawo ba, na kifa kai a kan tebur.

"Ishaku, tashi," in ji Ya Bukar. "Jirgi ba zai jira mu gama baƙin ciki ba."

A cikin jirgin wani tsoho ya dube mu yana girgiza kai, ya sauko da jakarsa, ya ciro tsohuwar rigar ulu mai ƙamshin taba ya miƙa min. Ban san kalmar godiya a harshensu ba, sai na riƙe hannunsa da hannu biyu.

Zango na biyu garin makaranta ne, inda muka ci hunturu guda muna koyon harshe da lissafin ruwa. Muna haya a gidan wata tsohuwa da mijinta ya mutu a yaƙi. Ta lura Ya Bukar burodi kawai yake ci, yana ture nama gefe saboda tsoron naman alade. Wata rana sai ta kira shi kicin, ta nuna masa sabuwar tukunya, ta nuna shi, ta nuna tukunyar. Daga ranar ba ta taɓa dafa wani abu a cikinta ba sai nasa. Duk da haka kewar gida ta ci mu. Rana na faɗuwa tun kafin a tashi daga aji, sai mu zauna kusa da murhu muna bin titunan Maiduguri da baki, daga Lamisula mu gangara kasuwa, muna gardamar wane mai shayi ne ke wace kwana. Ya Bukar yakan yi shiru a tsakiyar hirar, na san ya isa ƙofar gidansa ke nan.

An yi mana alkawarin za mu yi aikin gwaji a wata babbar madatsar ruwa. Da lokaci ya yi, aka ba wasu da suka fi mu sanin mutane. Mu aka tura mu kan tsauni, tashar awo ta wani ƙaramin kogi da ake kira Bistirisa. An ce mana ma'anar sunan garai-garai, kuma ƙasar cike take da koguna masu wannan suna.

Motar kaya ta sauke mu a ƙauyen da ke gindin tsaunin da azahar. Muna sauka sai muka ji kiran salla. Ya Bukar ya tsaya cak, ya ɗauka kunnensa ne. Ashe mutanen ƙauyen Musulmi ne, farare tas masu shuɗin ido. Ya bi muryar, ni na zauna a bakin gada ina jiransa. Ya dawo da safar ulu a ƙafa, wani dattijo mai suna Mustafa na riƙe da hannunsa kamar ya tsinci ƙaninsa da ya ɓata. Ranar na fara ganin haƙoran Ya Bukar a ƙasar.

Shugabar tashar mace ce, injiniya, sunanta Milena, mu kuma Malama muke ce mata. Gajera ce mai faɗin kafaɗa, gashinta ya fara furfura. A ƙuruciyarta ta yi gasar tuƙa ƙananan jirage a kogunan duwatsu. Ita ta bi da mu gaɓar kogin da ƙafa har muka san shi.

Bistirisa ba daga tafki yake fitowa ba, ba kuma daga fadama ba. Daga bakin kogo yake fitowa, a ƙarƙashin wani farin dutse mai tsayi, kuma da ƙarfinsa yake fitowa. Dusar ƙanƙarar da ke narkewa a kan tsaunuka ce ke nitsewa ta ramukan dutse, ta taru a ciki, ta ɓullo nan. In ka sa hannu, ƙashinka ne ke ciwo, ba fata ba. Launinsa tsakanin kore da shuɗi, kana ganin kowace tsakuwa a ƙasa. Daga kogon yakan ratsa wani fili mai ciyawa, nan bukkarmu ta katako take, da sandar awo a kafe cikin ruwa. Ƙasa da filin sai duwatsu su matso ta kowane gefe su matse shi cikin kwazazzabo mai zurfi, wanda mutanen wurin ke kira Maƙogwaro da harshensu. A ciki wani rafi na shigowa ta hagu. Ƙarshen Maƙogwaro akwai gangare hawa-hawa da suke kira Matakala, daga nan sai kwari ya buɗe, ga ƙauye, ga injin yankan katako, ga gada. Hanyar mota ba ta bin kogin, domin babu inda za ta bi. Hawa take yi ta kewaye tsaunin ta baya, wayar tarho na biye da ita.

Muna da jirgin roba da muke shiga mu auna zurfi da gudun ruwa. Ranakun hutu Malama takan ɗora shi a mota mu gangara ƙasa da gada, inda ruwan ke da sauƙi, ta koya mana tuƙi. Mai gaba shi ke ba jirgi ƙarfi, mai baya shi ke juya shi. Ta nuna mana yadda ruwa ke yin harshe mai santsi tsakanin duwatsu biyu, ta ce nan ce ƙofa. Ta nuna mana yadda yake kwanciya a bayan babban dutse har ya juyo baya, inda jirgi zai iya tsayawa ya huta. Ya Bukar ya sa wa wurin suna inuwar dutse. Inda ruwa ke faɗowa daga tudu ya tafasa yana komawa kan kansa kuwa, tukunya muka kira shi, in jirgi ya shiga ta a karkace ba ta sakinsa. Ta ce in jirgi ya hau dutse, a jingina wajen dutsen, kada a guje shi. Ta ce duk cikin kogi babu abin tsoro kamar itacen da ya faɗi ya gitta, domin ruwa na wucewa ta cikin rassansa, mutum ba ya wucewa.

Ya Bukar na tuƙi ne kamar aikin ofis, ya yi abin da aka ce, a gama ya fita ya shanya ƙafa. Ni abin ya shiga raina. Amma Maƙogwaro ba mu taɓa shigarsa ba. Na taɓa tambayarta, ta ce ita ta bi shi da ƙaramin jirginta lokacin da ruwa ya ja, kuma ba wurin ɗan koyo ba ne.

Da bazararsu ta shigo, ruwan sama mai ɗumi ya sauka a kan dusar ƙanƙara, ya yi ta zuba ba tsayawa. Kogin ya koma launin kunun kanwa, ya haye sandar awo, muna jin manyan duwatsu na gungurawa a ƙarƙashinsa. Wata safiya muka ji ƙara daga bayan tsauni, doguwa, har kofuna suka yi rawa a kan tebur. Malama ta ɗaga tarho, ba motsi. Ta sa takalmi ta fita. Da ta dawo, taɓo har gwiwa, ta ce gefen tsaunin ya zaftare ya tafi da hanya da turakun waya.

Tun ranar da ta gabata Ya Bukar ke riƙe ciki, yana cewa waken da muka ci ne. Da safiyar nan ya yi amai, jikinsa ya ɗau zafi, ya kasa miƙe ƙafar dama. Malama ta durƙusa gaban gadonsa ta tambaye shi ko zai bari ta taɓa. Mutumin da ko hannu ba ya ba ta, shi da kansa ya ɗaga rigarsa. Ta danna ƙasan cikinsa ta dama a hankali, ta saki farat ɗaya. Ya cije hannun rigarsa, gumi ya keto masa.

Ta ja ni waje, ƙarƙashin rumfa.

"Afendis ne, ɗan hanjin da ke ƙasan ciki ne ya kumbura," in ji ta. "Na gani a jikin ɗan'uwana. In ya fashe a nan, za mu binne shi a nan."

"Mu ɗauke shi ta kan tsauni."

"Mu biyu? Sama akwai dusar ƙanƙara har ƙugu. Wanda ke da lafiya ma sai ya kwana a hanya."

"To a jira masu gyaran hanya."

"Ba su ma san muna da mara lafiya ba."

Ta juya ta kalli kogin, ni ma na kalla. Ruwan sama ya tsagaita, kan sandar awo ya fara leƙowa. Ta ce ruwan na ja, amma ba zai ja yadda take so ba kafin gobe, shi kuma ba shi da gobe. Ta ce jirgin ba ya tuƙuwa da mutum ɗaya, kuma ba za ta tilasta min ba. Na koma ciki.

Ya Bukar ya ji komai, bangon katako ne.

"Ishaku, kai yaro ne, ko aure ba ka yi ba," in ji shi. "Kada ka shiga ruwan nan saboda ni. In kwanana ya ƙare, a gadon nan ma zai ƙare."

"Ya Bukar, in na koma Maiduguri ni kaɗai, ta wace hanya zan bi in wuce Abbaganaram?"

Ya rufe ido. Na fita na fara hura jirgi.

Rigar hana nitsewa biyu gare mu. Malama ta ɗaura wa Ya Bukar ɗaya, ta ba ni ɗaya, ita ta sa baƙar rigar robarta ta gasa. Muka shimfiɗa katifa a tsakiyar jirgin, muka kwantar da shi rigingine, muka naɗe shi da barguna da tamfol. Ba mu ɗaure shi ba, ta ce in jirgi ya kife gara ya fita. Ta sa min hular kwano, ta ɗaura tukunyar girki da igiya don kwashe ruwa. Na durƙusa a gaba da filafilina, ita a baya. Ya Bukar ya yi bisimilla, ni na yi addu'ata a zuci, Malama ta tura mu.

Filin ciyawar da muke yini muna aunawa, kafin in daidaita zama mun wuce shi. Duwatsun suka matso, haske ya ragu, ƙarar ruwa ta cika kunne har ban jin numfashina. Muryarta kawai ke ratsowa daga baya, kalma ɗaya-ɗaya: gaba, tsaya, baya. Igiyar ruwa ta farko ta tashi ta fi kaina, ta faɗo min a ƙirji. Sanyin ya ɗauke min numfashi, na buɗe baki ba iska. Na ji ta ce gaba, sai na soka filafili cikin kumfa na ja, ban ma ga abin da nake ja ba.

Haka muka yi ta yi. Harshe ya bayyana, mu bi shi, jirgi ya nitsa hanci ya ɗago. Wata tukunya ta kama mana gindi, jirgin ya tsaya cik yana karkarwa, ruwa na kwararowa ta baya kan Malama. Na miƙa jiki waje har cikina na kan robar, na kafa filafili a ruwan da ke wucewa, na ja da duk abin da nake da shi. Tukunyar ta sake mu. Malama ta juya mu cikin inuwar wani dutse, muka tsaya muna haki. Ruwa ya cika jirgin har ya kai kunnuwan Ya Bukar. Na ɗaga kansa na ɗora a kan ƙafata ina kwashewa da tukunyar girki. Leɓɓansa sun yi toka, amma suna motsi.

"Ya Bukar, kana ji na?"

"Kalewa," in ji shi da Barbarci, wato lafiya lau. Haƙoransa na haɗuwa.

Inda rafin hagu ke shigowa, ruwan ya ninka, ya yi ja saboda ƙasar da ta zaftare. Ya tura mu jikin bangon dutsen da ke dama, robar ta goga dutse da wata irin ƙara da har yau in na ji an ja kujera a siminti sai gabana ya faɗi. Muka sha kwana. Ni ban ga komai ba sai wani reshe da ke rawa a tsakiyar ruwa. Malama ta yi ihun da ban taɓa ji daga bakinta ba.

"Dama! Ja dama!"

Sai na gan shi. Ƙaton itace ne ya faɗo daga sama da saiwoyinsa, ya gitta daga bango zuwa bango, ruwa na tsefewa ta cikin rassansa. Tsakaninmu da shi akwai dutse guda a gefen dama, da 'yar inuwa a bayansa wadda ba ta fi tabarma ba. Na ja, na ja, hancin jirgin ya shiga inuwar, gindinsa bai shiga ba. Na ji ruwa na fizgar mu baya. Na saki filafili cikin jirgi, na ɗauki igiya na yi tsalle kan dutsen. Gansakuka ta kwashe ni, na faɗi da gwiwa, na rarrafa na naɗa igiyar a wata saiwa, na kwanta a kanta. Jirgin ya yi lilo zai bugi bango da gefen da kan Ya Bukar yake. Malama ta miƙa filafilinta ta tokare bangon da hannu ɗaya. Jirgin ya tsaya. Filafilin ya tafi, na gan shi ya shige ƙarƙashin itacen bai fito ba.

Da na jawo su, hannunta na dama na rataye kamar ba nata ba. Kafaɗar ta goce. Fuskarta ta yi fari fat, amma ta fito da ƙafarta, ta soke hannun cikin rigarta, ta ce in ɗauko Ya Bukar.

Akwai 'yar hanya ta kan duwatsu a gefen saiwoyin. Na goya Ya Bukar. Duk takun da na yi cikinsa na bugun bayana, ina jin nishinsa a wuyana.

"Sauke ni, Ishaku."

"Saura kaɗan."

"Ka ce wa Falmata..."

"Ba na karɓar saƙo, Ya Bukar. Hannuna a cike yake."

Na kwantar da shi a kan wani faffaɗan dutse, na koma na zubar da ruwan jirgin, na ja shi ta kan kututturen, Malama na turawa da kafaɗar hagu tana cije leɓe. Da muka mai da jirgin ruwa ƙasa da itacen, muka sake kwantar da Ya Bukar a ciki, na nufi gaba zan durƙusa. Ta tare ni da ƙafa.

"Baya za ka zauna."

"Malama, ban taɓa juya jirgi a irin wannan ruwa ba."

"Filafili ɗaya ne, hannu biyu kuma kai ke da su. Saura Matakala. Ba za ka ji muryata ba, ka kalli hannuna. Inda na nuna, nan za ka kai hancin jirgi. Kada ka kalli dutse."

Na cire rigar hana nitsewa na miƙa mata. Ta buɗe baki za ta ƙi, na ce mai hannu ɗaya ba ya iyo. Ta bari na ɗaura mata.

Matakala ana jin ta kafin a gan ta. Kogin gabanmu ya yanke kamar ƙarshen rufin soro, hayaƙin ruwa na tashi daga bayansa. Malama ta durƙusa a gaba, ta ɗaga hannun hagu ta nuna tsakiya. Na kafa filafili a baya na juya mu. Muka tsaya a baki kamar ƙiftawar ido, na hango rufin gidajen ƙauye can nesa ta tsagar duwatsu, sannan muka faɗa. Jirgin ya lanƙwashe a tsakiya ya miƙe. Hannunta ya nuna hagu. Na ja, hannuwana ba sa jin komai, muka bi ta wata ƙofa da robar ta taɓa duka gefe biyu. Hawa na biyu ya wuce.

A na ƙarshe na makara. Ta nuna dama, na ga dutsen da ke tsakiya, baƙi mai kaifi, idona ya kafe a kansa. Muka hau shi a karkace. Gefe ɗaya ya ɗaga sama, ɗayan ya nitse, ruwa ya fara shigowa kamar an buɗe famfo, Ya Bukar ya zame zai fita. Na damƙi wuyan rigarsa da hannu ɗaya, na jefa jikina wajen dutsen. Malama ta riga ni, ta faɗa kan robar da kafaɗar da ta goce. Na ji ƙararta duk da rurin ruwan. Jirgin ya yi jim, ya goga, ya juya a hankali, ya sauka daga dutsen da baya. Da baya muka faɗa gangaren ƙarshe, ina kallon Maƙogwaro na ja da baya, ruwa ya rufe mu duka.

Da na share ido, shiru ne ya fara ba ni tsoro. Ga shanu a gaɓa, ga hayaƙi na fita daga bututun wani gida. Jirgin cike da ruwa yana tafiya da kansa yana juyawa. Malama na kwance a gaba tana numfashi da baki. Hannuna ɗaya na wuyan rigar Ya Bukar, ɗaya na kan filafili. Idonsa a rufe. Na sa kunne a bakinsa, na ji ɗumi kaɗan.

Ma'aikatan injin katako ne suka hango mu daga gada. Suka gangaro da dogayen ƙugiyoyin da suke jan gungume da su, suka kamo jirgin. Aka ɗauke Ya Bukar, aka ɗauke Malama, ni na kasa tashi. Dattijo Mustafa ya shigo ruwan da wandonsa, ya durƙusa, ya riƙa buɗe yatsuna ɗaya bayan ɗaya daga jikin filafilin, yana magana a hankali kamar mai lallashin doki. Wata mata ta ɗura min madara mai zafi. Aka sauke gungume daga wata motar katako, aka shimfiɗa barguna, muka kama hanyar gari.

Likitan ya fito daga ɗakin tiyata ya ce abin ya riga ya fashe, ko a jirgi ko kafin nan, ya wanke abin da zai iya wankewa, saura jikin mara lafiya. Kwanakin da suka biyo baya a kan bencin baranda na yi su. Zazzaɓi ya riƙe shi, yana ta surutai da Barbarci, ba mai fahimta a asibitin sai ni, ni ma rabi-rabi. Masu jinya suka riƙa ajiye min miya a gefen benci. Malama takan zo da hannu a rataye, ta leƙa ta taga, ta zauna kusa da ni. Mutanen ƙauye suka aiko da zuma da cuku.

Wata safiya mai jinya ta taɓa kafaɗata ta nuna min ƙofa. Na shiga na same shi an jingina shi da matashi, ya rame har hancinsa ya ƙara tsawo, amma idon nasa ne. Ya daɗe yana kallona, ya kalli gwiwoyina da aka naɗe da bandeji.

"Wushe, Ishaku," in ji shi, wato sannu.

"Wushe, Ya Bukar. Yaya jiki?"

"Da sauƙi. Malama fa? Shi yana lafiya?"

"Tana lafiya. An mai da kafaɗar."

Ya gyaɗa kai. Ya lumshe ido har na ɗauka barci ya koma, sai ya ce, "Ka san ni ban ga kogin nan ba. A kwance nake. Sama kawai na gani, siririya kamar zare tsakanin duwatsu, sai ruwa ya rufe ta, sai ta dawo. Kowa ya shigo nan sai ya ce min Maƙogwaro, Matakala, ya riƙe baki. Ni da aka bi da ni ban san komai ba."

"Sai ka warke in ba ka labari."

"Yanzu nake so. Kada ka tsallake komai, har inda ka yi kuskure."

Na jawo kujera kusa da gadon, na zauna, na fara daga inda muka hura jirgi.